Miyar gyaɗa da kaza cikin minti 40: girki ne ko ha'inci?

Maman Hanifa (Garwa): Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da war haka. Ga wadda nake yi ranar da na taso lakwal, wato makaranta, a makare. Miyar gyaɗa da kaza, daga kunna wuta zuwa saukewa minti 40. Kazar gidan gona ɗaya, a yanka ta ƙanana, kada gaɓa ta wuce rabin tafin hannu. A murza mata gishiri, citta, tafarnuwa da masoro. Mai cokali biyu ya isa, don gyaɗar za ta kawo nata. A soya naman ya yi ja ta kowane gefe, a kwashe. A cikin man nan za ki zuba albasa manya biyu, in ta yi laushi ki bi ta da jajjagen tumatir huɗu da attaruhu, ki bar shi ya tsotse. Kafin nan kin dama markaɗaɗɗiyar gyaɗa ludayi biyu da ruwan ɗumi kofi uku a kwano daban, har babu gudaji. Ki juye a tukunya, ki mayar da naman, ki sa daddawa ko dunƙule, ki rage wuta. Minti 20 kina juyawa jefi-jefi. In kin ga jan mai ya taso yana kewaye bakin tukunya, ta yi. Shinkafa kuwa tun farko kin ɗora ta a ɗaya murhun.

Amaryar Kusri: Wa alaikumus salam Adda, Allah ya ƙara basira. Ludayin da kike nufi na miya ne ko babban nan na kunu?

Maman Hanifa: Na miya, amarya. Ki cika shi ya yi tozo. Kada ki ga ta da ruwa-ruwa a wuta ki ƙara, tana yin kauri in ta huce.

Hajiya Goggo (Marwa): Salamu alaikum. Maman Hanifa 'yata, sannu da aiki, Allah ya yi albarka. Amma ba zan ɓoye miki ba. Abin nan da kika rubuta zai ciyu, zai ƙosar da yara, sai dai kada a kira shi miyar gyaɗa a gabana. Miyar gyaɗa da romo ake gina ta, ke kuwa da ruwan ɗumi kika dama. Ina romon? Kazar da aka ƙyanƙyashe yau, bayan kwana 45 tana kasuwa, wane romo gare ta? Ba ta yi kiwo ba, ba ta yi tono ba, ba ta ci fara ba, ba ta taɓa gudun shirwa ba. Namanta kamar auduga, ki yi ta tauna ba ki jin komai sai kayan ƙamshin da kika sa da hannunki. Mu yadda muka tashi muka gani, zakara ake kamawa ko kazar da ta gaji da ƙwai. A fige, a babbaka a wutar kara, a ɗora da albasa da citta da kimba da kanumfari kaɗan, ba a sa mai ko ɗigo. Awa ɗaya da rabi, wani zakaran har biyu. Ruwan nan da ya rage a tukunya, rawaya mai maiƙo a sama, shi ake dama gyaɗa da shi. Sannan a mayar kan garwashi tana ɓararraka a hankali har maƙwabta su san abin da aka ɗora. Sauri ya haifi nawa.

Maman Hanifa: Goggo, maganarki dutse, ban ja ba. Ranar Lahadi irin taki nake yi, in an kawo mini zakara daga kasuwar Pitowa. To ranar Talata fa? Uku da rabi nake fitowa daga aji, kafin in samu babur in iso gida la'asar ta yi, ga takardun yara na jiran gyara. In na ɗora zakara a wannan lokacin sai bayan isha za a ci.

Hajiya Goggo: To ranar Talata ki yi miyar kuka mana. Wa ya ce dole sai kaza?

Baban Walid (Njamena): Iyaye mata ku yi haƙuri, na shigo muku tsakiyar zance. Iyalina suna Bongor, aiki ya ajiye ni nan, dole na koyi tukunya. Ina ganin akwai hanyar da za ta raba wannan gardama, ita ce kokot, tukunyar nan mai kulle tururi a ciki. Kazar gida nake saya a kasuwar Dembe, su yanka su fige mini a can. In zuba ta a kokot da albasa da citta da ruwan da ya ɗan rufe ta, daga lokacin da tukunya ta fara shewa in ƙirga minti 25. Tururin da ya kasa fita shi ke sa zafin ciki ya kai kusan digiri 120 maimakon 100, shi ya sa jijiyar tsohuwar kaza ke saki da wuri. In kashe wuta, in bar iskar ta fita da kanta, in buɗe. Ga nama ya yi laushi, ga romon da Hajiya ke magana. Da shi nake dama gyaɗar, in mayar a wuta babu murfi, minti 20. Duka-duka awa ɗaya ba ta cika ba. Gargaɗi ɗaya, kada a kuskura a rufe kokot da gyaɗa a ciki. Za ta kama ƙasa ba ka gani, kuma tana iya toshe ƙofar da iska ke fita.

Hajiya Goggo: Tukunyar nan mai ihu? Ɗana, ni ko an ba ni kyauta ba na tsayawa kusa da ita. Amma dai kai ka san darajar romo, na yaba maka.

Baban Walid: Hajiya, mu nan ba don so muka rabu da garwashi ba. Tun 2009 da hukuma ta hana gawayin itace a Njamena mutane suka watsu, wasu suka koma ƙwallon goriba, masu hali suka koma gas. Wanda kuwa ke girki da gas idonsa na kan tukunyar gas ɗin, ba zai bar zakara awa biyu a wuta ba.

Adda Mairo (Ngaundere): Na karanta duka. Kuna ta faɗa a kan kaza, kun manta da mai miyar. Ni sana'ata ke nan, in soya gyaɗa, in matse mai, in yi ƙuli-ƙuli. Saurin miyar nan ko nawarta a gyaɗa yake, kuma yawancin masu cewa tasu ta lalace, tun a kasuwa ta lalace.

Abu uku ake sayarwa, mutane na haɗa su. Akwai ɗanyar gyaɗa da aka daka ta zama gari. Ita ce ta taushe da miyar ganye, miyarta fara take fitowa, kuma ba ta san gaggawa ba. In ba ta samu kusan awa a wuta ba za ta yi gafi, ta kumbura wa yara ciki. Akwai soyayyar gyaɗa da aka markaɗa da manta duka a jiki. Wannan ta riga ta sha wuta a kasko, ita ce ta Maman Hanifa, minti 20 ya ishe ta. Na uku tunkuza, wadda muka matse man muka bar tuwon. Tana da araha, tana kuma yin miya, amma wadda ta saye ta ta zauna jiran mai ya taso, har tukunya ta ƙone ba za ta gan shi ba, don man yana cikin kwalbata. Mai tunkuza sai ta ƙara mai tun wajen suyar albasa.

Shawarata ku riƙa yin taku a gida sau ɗaya a wata. A tsince gyaɗar tukuna. A sa wankakken yashi a kasko ya yi zafi, a zuba, a yi ta juyawa ba tsayawa. Lokaci-lokaci ki ɗauki ƙwaya ɗaya ki murza tsakanin yatsu biyu. In jan ɓawon ya suɓuce da kansa, cikin ya fara sauya kala, sauke nan take, kada ki jira ta yi ja sosai, don zafin yashin zai ci gaba da soya ta bayan kin sauke. A rairaye, a baza a tire ta sha iska, a murje, a bakace, a sake tsince baƙaƙen. A wajen inji kuma ki tsaya da kanki. Kada ki yarda a zuba taki bayan an niƙa barkono ko jiƙaƙƙiyar masara, ki bi layin masu gyaɗa. Ruwa ko ɗigo kada ya shiga. In kin zuba a roba mai murfi, man da zai taru a sama ki bar shi, shi ke tsare ta. Da busasshen cokali ake ɗiba. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Maman Hanifa: Allah ya biya ki Adda Mairo. Ga wadda ta san kan abu.

Amaryar Kusri: Adda Mairo, ni a kasuwa nake sayen ta ƙulli-ƙulli a leda. Wani lokaci miyar kan yi ɗaci a ƙarshen harshe, wani lokaci kuma ta yi kauri tun kafin ta tafasa, ga ba ƙamshi. Me ke kawo haka?

Adda Mairo: Mai kauri da wuri babu ƙamshi, an yi mata haɗi da gari, na masara ko na rogo, don ta yi auki. Ba duka masu sayarwa ba, amma akwai masu yi, Allah ya shirye su. Kafin ki biya ki laƙato kaɗan ki murza a bayan hannu. Ta gaskiya narkewa take ta bar maiƙo, mai haɗi kuwa murmushewa take. Ɗaci kuma biyu ne, ko an ƙona ta a suya, ko an niƙa har da ruɓaɓɓu.

Anti Nas (Gidar): A nan nake so in sa baki, don maganar ruɓaɓɓun nan ta wuce ɗaci. Gyaɗar da aka tara ba ta gama bushewa ba, ko ta sha laima a rumbu, tana yin fumfuna, fumfunar kuma tana barin wata guba da ake kira aflatoksin. An gano ta ne bayan 1960, shekarar da talotalo wajen 100,000 suka mutu a Ingila saboda abincin da aka haɗa musu da tunkuzar gyaɗa daga Barazil. A jikin mutum hanta take ci sannu a hankali, tana cikin abubuwan da ke kawo sankarar hanta, kuma haɗarin ya fi yawa ga mai ɗauke da ciwon hanta nau'in B, wanda kun san ba baƙo ba ne a yankinmu. Ana kuma danganta ta da tsumburewar yara. Abin da ya sa nake tsoron ta leda shi ne, in an riga an markaɗa ba mai iya gane me aka zuba a inji. Kyawawan ƙwayoyi sukan tafi buhu a sayar da tsada, tsintuwar da ta rage ita ce ke da arahar niƙawa. Duk ƙwayar da ta yamutse, ko ta yi baƙi, ko kore-kore, ko ƙwaro ya huda, a zubar. Kada ma a watsa wa kaji.

Baban Walid: Anti, ai na ɗauka wuta na kashe komai. An soya a kasko, an kuma tafasa minti 20.

Anti Nas: Wuta na kashe ƙwayoyin cuta, Baban Walid, wannan kuwa guba ce da ta riga ta zauna a jikin gyaɗar. Suya tana rage kaɗan, tafasar miya ba ta kawar da ita. Tsincewa ce maganin. Tun da ka taɓo wuta, ga abin da take kashewa: na jikin kaza. Masu sauri ku kula, waje kan yi ja ciki ɗanye. Ku tsaga cinya har ƙashi, in akwai jini-jini ku mayar. Mai ma'aunin zafi ya duba, digiri 74 ake nema a tsakiyar nama. Wuƙa da katakon da aka yanka ɗanyar kaza kuma a wanke da sabulu kafin a yanka tumatirin da za a ci ɗanye.

Hajiya Goggo: Tsintar gyaɗa dai tun muna yara aikinmu ne, a zaunar da mu da faifai bayan la'asar. Ba mu san sunan gubar ba, amma kakanninmu ba su taɓa niƙa baƙar ƙwaya ba. Miyar nan gadonmu ce tun kaka da kakanni, ba yau aka fara ba.

Malam Na Mundu: Hajiya, a gafarce ni, malamin tarihi ba ya iya jin an ce tun kaka da kakanni ya yi shiru. Gyaɗa baƙuwa ce a ƙasar nan. Asalinta Kudancin Amurka, Turawan Fotugal suka tsallako da ita gaɓar Afirka a ƙarni na 16, daga nan ta yi ta shigowa ciki a hankali. Tumatir da barkono da masara da rogo duk daga can ɓangaren suka zo. Wadda muke da ita tun asali ita ce gujiya, ƙwaruru, wadda ita ma a ƙasa take 'ya'ya, shi ya sa manomanmu ba su sha wahalar karɓar sabuwar ba. Yawan nomanta kuwa zamanin Turawa ne ya kawo shi, da suka buƙaci mai da sabulu a ƙasashensu: Faransa ta dage a Senegal, Ingila a Kano bayan jirgin ƙasa ya isa can wajen 1912, har aka yi dalar gyaɗa. Ke nan in an cire baƙi daga tukunyar Hajiya, abin da zai rage kimba ce da daddawa.

Hajiya Goggo: Malam, shekara 400 ba ta isa abu ya zama na gado ba? Kai kakanka na nawa ka sani?

Baban Walid: Malam, ka ji fa. A nan sai ka sauke alli.

Malam Na Mundu: Na sauke. Abin da nake nufi kawai, tukunyar da ta karɓi gyaɗa jiya ba za ta ƙi kokot yau ba.

'Yar Garwa a Liyon: Barkanku iyayena. Ina karatu a Faransa, bari in ba ku labarin da zai sa Goggo ta yafe wa Maman Hanifa. Wata abokiyar karatuna Baturiya ta gayyace ni cin abinci, ta ce ta yi mini kaza irin ta Afirka don in tuna gida. Ƙirjin kaza ne zalla babu ƙashi, ta zuba gyaɗar kwalba irin wadda suke shafa wa burodi, mai sukari a ciki, ta ƙara madarar kwakwa da ganyen da ban sani ba, minti 15 ta sauke. Na ci, don ta yi da zuciya ɗaya, amma zaƙi ne ya fara tarbata. Da ta tambaye ni ko haka muke yi, na ce mata wace Afirkar? Ta yi dariya, ta ce haka aka rubuta a inda ta gani.

Hajiya Goggo: Sukari a miya! Innalillahi. Maman Hanifa, zo mu shirya.

Malam Na Mundu: Tambayarki ta yi daidai, 'yata. Mutanen Senegal na da mafe, Bambaran Mali na da tigadegena, a Duwala gyaɗa ce ke riƙe ndole da shuwaka, mu muna da taushe. Kowace da hannunta, ba wadda za a ce ita ce ta Afirka duka.

'Yar Garwa a Liyon: Ga masu 'ya'ya a waje, ku gaya musu su duba bayan kwalba. Wadda aka rubuta gyaɗa zalla, ko gyaɗa da gishiri, tana yin miya lafiya lau. Ni a shagunan 'yan Afirka na unguwar Giyotiyer nake samu. Cinyoyi nake saya masu ƙashi da fata, sun fi ƙirji ba da ɗanɗano. Kuma a nan dole ka tambayi baƙo kafin ka zuba masa, akwai waɗanda jikinsu ba ya karɓar gyaɗa, ƙwaya ɗaya na iya toshe musu numfashi. Doka ma ta sa a rubuta a jikin duk abincin da ke da ita.

Maman Hanifa: Cinyoyin na firigo ne ko? Kin tuna mini da na kwali da suka cika kasuwanninmu a da.

Malam Na Mundu: Waɗannan ai yaƙi aka yi kafin su ragu a Kamaru. Ƙungiyar kare muradun jama'a, ACDIC, ta marigayi Bernard Njonga ce ta tashi tsaye tun 2004, tana nuna yadda daskararrun kajin waje ke karya masu kiwo, ga kuma narkewa da sake daskarewa a hanya. Bayan nan hukuma ta taƙaita shigo da su, kiwon gidan gona na cikin gida ya farfaɗo. Kazar kwana 45 da Hajiya ke kushewa ita ce ta maye gurbinsu.

Maman Zara (Njamena): Tun ɗazu ina bin ku, har yanzu ban ji wadda ta ambaci tsami ba. Ni a wurina miyar gyaɗar da ba tsami gundura take, loma biyar ka ajiye cokali. Kusan rabin ƙwayar gyaɗa mai ne, dole a samu abin da zai yanke maiƙon. Mu nan yakuwa muke sawa, karkanji. A wanke ganyen, a tafasa shi daban minti biyar, a zubar da ruwan farko in tsamin ya yi yawa, a zuba a miya saura minti goma a sauke. Ba ya ƙara lokaci ko kaɗan. In ba yakuwa, jiƙaƙƙiyar tsamiya cokali biyu. Kuma ba dole sai kaza ba. Ranar da aljihu ya yi sanyi, sharmut, wato busasshen nama, nake dakawa in zuba, ko bandar kifin Shari, ko in yi daraba da kuɓewa da gauta da gyaɗar a ciki, a ci da tuwon gero. Duk cikinsu ba wadda ta kai awa.

Adda Mairo: Follere, yakuwar ke nan, da gyaɗa ai mata da miji ne a nan Adamawa, ba a raba su. Sai dai mu da 'yar kanwa muke kashe tsamin maimakon zubar da ruwa.

Maman Zara: In kin kashe tsamin, me ya rage na yakuwa, Adda?

Adda Mairo: Ragewa na ce, ba kashewa duka ba. Ƙanƙanuwa, a jiƙa a tsiyaye ruwan. In ta yi yawa miya ta yi baƙi ta yi santsi, wannan kam ɓarna ce.

Amaryar Kusri: Ikon Allah. Tsakanina da Maman Zara gadar Ngeli ce kawai, amma ban taɓa sa yakuwa a miyar gyaɗa da kaza ba. Surukata dai lemun tsami take matsawa bayan an sauke.

Maman Zara: Shi ma ya yi. Bayan an sauke ɗin shi ne daidai, in ya dahu a ciki ɗaci yake kawowa.

Baban Walid: Tambaya ɗaya. Da wane mai kuke suyar? Ni Diamaor nake samu daga Kusri.

Maman Hanifa: Shi nake sawa ni ma, ai a nan Garwa kamfanin Sodecoton ke tace shi daga irin auduga. Ba shi da ƙamshin kansa, ba ya gardama da gyaɗa.

Adda Mairo: Mai gyaɗa a gida ya saye mai a kanti? Ku ɗebi kaɗan daga wanda ya taru a saman robar ku soya albasa da shi.

Hajiya Goggo: Kowanne kuka sa, in an sauke a ɗiga man shanu soyayye rabin cokali. Kuma ku daina ci da shinkafa dafa-duka-tsinke kamar 'yan makarantar kwana. Tuwon masakwa ake yi mata, farar dawar ƙasar laka da ake girbewa da rani, ita ce ke ɗaukar miyar gyaɗa. In babu, tuwon shinkafa mai laushi.

'Yar Garwa a Liyon: Goggo, lokacin da nake Yawunde da dafaffiyar agada muke ci, ko bobolo, dafaffen rogon nan da ake naɗewa a ganye. Wallahi yana tafiya.

Hajiya Goggo: Kin daɗe a kudu, 'yata.

Amaryar Kusri: In ta yi saura fa? Mu biyu ne kawai a gida, kaza ɗaya ta yi mana yawa, ga kuran, wutar lantarki, ba tabbas.

Anti Nas: Miyar gyaɗa ba ta da haƙurin zafi, amarya, balle Kusri a watan Afrilu da ake haura digiri 40. Kada ta wuce awa biyu a ajiye, da zafin bazara ma awa ɗaya. In akwai kuran, ki raba ta a ƙananan robobi ta huce da wuri, ki sa a firigo, kwana biyu zuwa uku. In an ɗauke wuta tun dare, da safe kada ki dogara da hanci kaɗai. In kin ga ta tsinke ko tana 'yan kumfa, ta tafi. Abin da ya fi miki, ki raba kazar tun tana ɗanya, ki yi miyar rabi, rabin ki soya shi ƙarau.

Hajiya Goggo: Mu da ba mu san firigo ba, tafasa ta muke yi da dare ta tafasu sosai, a rufe, ba mai sake sa ludayi, da asuba a sake tafasawa kafin a taɓa.

Anti Nas: Da sanyin hunturu wannan kan wuce, Goggo. Da bazara kuwa mun sha karɓar gida guda a asibiti saboda miyar kwana. Akwai ƙwayoyin da ke barin dafinsu ko an sake tafasawa.

Hajiya Goggo: To, likita ta faɗa. Amma a gidan da ke da yara tara ban san miyar kaza ta taɓa kwana ba.

Amaryar Kusri: Goggo, ƙanin maigida ya kawo mana zabi biyu daga Yagwa, suna ɗaure a tsakar gida. Za su yi wannan miyar, ko sai farfesu?

Baban Walid: Kokot, minti 30. Zabo ya fi kaza tauri.

Hajiya Goggo: Rabu da shi da tukunyarsa. Za su yi, har sun fi zakara romo, sai dai zabo ba shi da kitse, in kin soya shi tun farko bushewa zai yi. Ki yanka ɗaya yau, ɗayan ki bar shi. Tafasa za ki fara yi da albasa da citta da kimba ɗaya, ki fasa kimbar ki zubar da 'ya'yan don suna ɗaci. In kin soka cokali mai yatsu a cinya ya shige ba gardama, ki tsame, ki dama gyaɗar da romon, ludayi ɗaya da rabi ya ishe ku ku biyu. Ƙundu da hanta ki ajiye wa mijinki a gefe, kada su narke a ciki. Ki ɗora da azahar, in wani abu ya shige miki duhu ki kira ni, shugabar zaure na da lambata.